Gwajin Motoci Masu Tuƙa Kansu a Cikin Kwamfuta: Tambayoyi da Amsoshi

Kamfanin Waymo, wanda ya samo asali daga aikin da Google ya fara a 2009, ya taɓa cewa manhajar motocinsa masu tuƙa kansu ta tuƙa fiye da mil biliyan 20 a cikin kwamfuta, a lokacin da motocinsa na gaske suka yi kimanin mil miliyan 20 a kan kwalta. Wato duk mil ɗaya na titi yana da dubu na kwaikwayo. Ga tambayoyin da aka fi yi a kan wannan hanyar gwaji, da abin da take iya tabbatarwa da abin da ya fi ƙarfinta.

Mene ne gwajin kwaikwayo?

Motar da ke tuƙa kanta tana da idanu da ƙwaƙwalwa. Idanun su ne kyamarori, da rada mai aiki da igiyar rediyo, da lida, wadda ke harba hasken leza tana auna nisan abubuwa. Ƙwaƙwalwar kuwa manhaja ce da ke karɓar abin da idanun suka kawo, ta gane mene ne a gaba, ta yi hasashen inda zai nufa, sannan ta ba sitiyari da birki da totur umarni.

A gwajin kwaikwayo, ana ɗauko wannan manhajar, ita ɗin dai da za a sa wa motar gaske, a sanya ta cikin garin da aka gina a kwamfuta: tituna, mararrabu, danja, masu keke, masu tafiya a ƙasa. Manhajar ba ta san ba titin gaske ba ne. Tana tuƙi, ana rubuta duk abin da ta yi. Idan ta buge wani, ba jini ba asibiti, sai dai jan layi a allon injiniya. Wani lokaci manhajar kaɗai ake gwadawa. Wani lokaci kuma ana jona ainihin akwatin kwamfutar motar da na'urar kwaikwayon, don a ga ko zai yi lissafi cikin lokaci, tun da amsar da ta yi daidai amma ta makara da rabin sakan ba ta da amfani a kan titi.

Me ya hana a fitar da motar kan titi kawai, a yi ta tuƙi har a gamsu?

Lissafi ne ya hana. A 2016 wasu masu bincike biyu na cibiyar RAND a Amurka, Nidhi Kalra da Susan Paddock, suka zauna suka ƙirga. A ƙasar, mutum ɗaya da ɗoriya kaɗan ne ke mutuwa a duk mil miliyan 100 da direbobi suka tuƙa. Don a iya cewa da ƙarfin gwiwa, ta fuskar ƙididdiga, motar kwamfuta ba ta fi ɗan Adam kisa ba, sai ta yi mil miliyan 275 ba tare da ta kashe kowa ba. Motoci 100 masu tafiya dare da rana a gudun mil 25 a awa za su shafe shekara 12 da rabi kafin su cika wannan. Idan kuma ana son nuna cewa ta fi ɗan Adam da kashi 20 cikin ɗari, abin zai kai mil biliyan 11, wato kusan shekara 500 ga waɗannan motoci ɗari.

Akwai kuma abin da ya fi wannan ciwo. Manhajar ba ta zama yadda take. Ana sabunta ta a kai a kai, kuma duk sabuntawa tana iya gyara abu ɗaya ta ɓata wani. Shaidar da tsohuwar ta tara ba lallai ta hau kan sabuwa ba. Babu kamfanin da zai sake shekara goma sha biyu duk lokacin da ya taɓa manhajarsa. A kwamfuta kuwa, ana iya maimaita dubban gwaje-gwaje cikin dare ɗaya, kafin injiniyoyi su dawo aiki da safe.

Daga ina ake samo abubuwan da ake jefa wa motar?

Mafi yawansu daga titi suke. Motocin gwaji suna naɗar duk abin da idanunsu suka gani, kuma idan wani abu ya faru, kamar mai keke ya yanko ba zato ko wata mota ta ƙi tsayawa a danja, sai a ciro waɗannan sakanni a ajiye. Daga nan a fara juya su. Mai keken ya zo da sauri kaɗan. Ya zo a hankali. Ya fito daga bayan motar bas. Rana tana faɗuwa a fuskar kyamara. Abu ɗaya da ya faru sau ɗaya a titi sai ya haifi ɗaruruwa ko dubbai. A 2017 aka bayyana cewa na'urar kwaikwayon Waymo mai suna Carcraft tana tafiyar da motoci 25,000 a lokaci guda, suna cin mil miliyan 8 a kullum, akasari a kwafin titunan Phoenix da Austin da Mountain View.

Sauran kuma daga rahotannin 'yan sanda na haɗurran baya, da daga tunanin injiniyoyi, da daga filayen gwaji. Waymo tana da irin wannan fili a tsohon sansanin sojan sama na Castle a Kalifoniya, inda ma'aikata ke shirya abubuwa da gangan: a jefo kwali daga bayan mota, a buɗe ƙofa ba zato, mutum ya fito daga tsakanin motoci. Jami'ar Michigan ta buɗe nata ƙaramin gari, Mcity, a 2015, mai faɗin eka 32. A Jamus kuma, kamfanonin motoci da cibiyoyin bincike sun yi aikin haɗin gwiwa mai suna PEGASUS daga 2016 zuwa 2019, don tsara yadda za a riƙa tattara irin waɗannan yanayi da bayyana su.

Titi dai ya fi kowa iya ƙirƙira. Chris Urmson, wanda ya taɓa jagorantar aikin Google, ya taɓa nuna hoton abin da motarsu ta ci karo da shi: wata mata a keken guragu mai lantarki, da tsintsiya a hannu, tana zagaye tana korar agwagwa a tsakiyar hanya. Babu injiniyan da zai zauna a ofis ya rubuta wannan.

Idan an maimaita abin da aka naɗa, sauran direbobin da ke ciki suna mayar da martani?

Nan ne wahalar aikin take, kuma masu tallata alƙaluma ba su cika magana a kai ba.

A ce an naɗi tafiya inda motar ta shiga shataletale a wani lokaci. An sabunta manhaja, an maimaita, sai sabuwar ta yi jinkirin sakan biyu kafin ta shiga. Motar da ke bayanta a cikin naɗin ba ta san da wannan jinkirin ba, domin hoto ce kawai. Za ta ci gaba da tafiyarta ta ratsa ta cikin motar gwajin, kwamfuta ta rubuta karo. Amma direban gaske da ya ga haka, da ya taka birki. Haka ma akasin wannan yana faruwa: manhajar ta yi ganganci, amma da yake hotunan da ke kewaye da ita ba sa firgita, ba sa kaucewa su bugi wani, sai abin ya wuce kamar ba komai.

Maganin shi ne a ba sauran motocin da mutanen nasu hankalin, su riƙa ganin abin da motar gwajin ke yi suna amsawa. To, wane irin hankali? Idan aka yi su masu ladabi da bin doka, motar za ta ci gwaji cikin sauƙi, ta fita titi ta haɗu da mai waya a kunne. Idan aka yi su duk 'yan ganganci, za ta koyi tsoro, ta riƙa taka birki babu dalili, wanda shi ma yana jawo a buge ta ta baya. Ana koya wa waɗannan direbobin ƙarya halinsu ne daga bayanan tuƙin mutane na gaske, amma bayanan cike suke da tuƙin yau da kullum. Abin da mutum ke yi a sakan ɗin ƙarshe kafin karo, wanda shi aka fi bukata, shi ne mafi ƙaranci a ciki. A ganina, ingancin kowace na'urar kwaikwayo ya fi rataya a kan wannan fiye da kyan hotunan da ake nuna wa 'yan jarida.

Ana kwaikwayon idanun motar ma, ko ƙwaƙwalwar kawai?

Duka biyun ana yi. Hanya mai arha ita ce a tsallake idanun, a miƙa wa manhajar jerin abubuwa kai tsaye: ga mota a nisa kaza, ga mutum a gefe. Wannan yana gwada yanke shawara, amma ya ɗauka cewa gani ya yi daidai. Hanya mai tsada ita ce a zana hoton da kyamara za ta gani, a lissafa yadda hasken lida zai dawo daga rigar mutum ko daga jiƙaƙƙiyar kwalta, da yadda rada za ta ruɗe a ƙarƙashin gadar ƙarfe. Kamfanin NVIDIA na cikin masu sayar da irin wannan.

Muhimmancinsa ya fito fili a watan Mayun 2016, a Williston ta jihar Florida, lokacin da wata Tesla mai tafiya da tsarin taimaka wa direba ta shige ƙarƙashin tirela da ke tsallaka hanya, direban ya rasu. Kamfanin ya ce tsarin bai bambance farin jikin tirelar da hasken sararin sama ba. Gwajin da ya tsallake idanu ba zai taɓa kama irin wannan ba, don a cikinsa an riga an faɗa wa manhajar cewa ga tirela.

To, mil biliyan 20 ɗin nan shaida ce ta aminci?

A'a. Mil na kwaikwayo ba ma'auni ba ne sai an faɗi abin da ke cikinsa. Ana iya tara biliyoyi a miƙaƙƙiyar hanya da rana tsaka, ba a koyi komai ba. Sakan goma a mararraba mai wuya sun fi su daraja. Tambayoyin da suka dace su ne: waɗanne yanayi aka gwada, waɗanne aka bari, kuma ta yaya aka tabbatar cewa abin da ya faru a kwamfuta shi zai faru a titi?

Abin da kwaikwayo ya ƙware a kai shi ne tono kuskure, da tabbatar da cewa kuskuren da aka gyara bai dawo ba. Idan manhaja ta faɗi a kwamfuta, an samu labari mai amfani. Idan ta ci, abin da aka sani kawai shi ne ta ci waɗannan tambayoyin da aka yi mata.

An taɓa gwada manhaja a kan haɗurran da suka kashe mutane da gaske?

An yi. A watan Maris na 2021 Waymo ta fitar da wani nazari inda aka sake gina haɗurra 72 da aka yi asarar rai a cikinsu a yankin Chandler na jihar Arizona tsakanin 2008 da 2017. Aka cire direban ɗan Adam aka sa manhajar a gurbinsa, wani lokaci a kujerar wanda ya jawo haɗarin, wani lokaci a kujerar wanda aka afka wa, jimlar gwaji 91. A duka 52 da ta maye gurbin mai laifi, haɗarin bai faru ba. Wannan ba abin mamaki ba ne, tun da irin waɗannan masu laifin sau da yawa gudu suke yi ko ƙetare danja, ita kuwa manhaja ba ta sha giya ba kuma ba ta sauri. Inda aka fi zuba ido shi ne ɗaya ɓangaren: a matsayin wanda aka afka wa, ta kauce wa kashi 82 cikin ɗari, ta rage munin wasu kashi 10, sauran kashi 8 kuma ba abin da ya canza, domin ta baya aka buge ta.

Nazari ne mai ma'ana, amma a lura da iyakarsa. Ya nuna manhajar ba ta yin kurakuran mutane. Bai ce komai ba a kan kurakuran da ita kaɗai ke yi, waɗanda ba za a same su a kundin 'yan sanda na shekarun da babu irinta a titi ba.

Akwai wani amfanin da ya fi burge ni. Lokacin da direban tsaro, wato mutumin da ke zaune a motar gwaji yana sa ido, ya karɓe sitiyari don gudun haɗari, ba a san me manhajar za ta yi ba da an bar ta. Sai a koma kwamfuta a ƙarasa labarin. A rahoton da Waymo ta fitar a 2020 kan mil miliyan 6.1 a yankin Phoenix, ta lissafa karo 47: guda 18 sun faru da gaske, 29 kuma kwaikwayo ne ya nuna da sun faru in ba don direban ba.

Da kwaikwayo zai iya hana haɗarin Uber na 2018?

A daren 18 ga Maris 2018, a garin Tempe na Arizona, motar gwaji ta Uber ta buge wata mata da ke tura keke tana tsallaka titi, ta rasu. Ita ce mai tafiya a ƙasa ta farko da aka san mota mai tuƙa kanta ta kashe. Hukumar binciken haɗurran sufuri ta Amurka ta gano cewa na'urorin motar sun hango ta sakan 5.6 kafin karon. Manhajar ta yi ta sauya mata suna, yanzu mota, an jima keke, an jima wani abu daban, kuma duk sauyawa sai ta watsar da tarihin motsinta ta soma hasashe daga farko. Ba a tsara ta da tunanin cewa mutum zai tsallaka a inda ba a zana wurin tsallakawa ba. Da ta fahimci karo ya zo, saura sakan 1.2, sai wani tsari da aka sa don hana birkin banza ya riƙe ta na sakan ɗaya. An kuma kashe birkin gaggawa na asali da motar Volvo ɗin ta zo da shi. Direbar tsaro kuwa hankalinta na kan waya.

Mutum mai tsallaka titi da dare yana tura keke ba agwagwa da tsintsiya ba ne. Abu ne na kullum a kowane gari. Gwajin kwaikwayo mai sauƙi zai iya fallasa wannan raunin, da sharaɗin wani ya rubuta yanayin, kuma wani mai iko ya ce motar ba za ta fita ba sai ta ci. Shi ya sa, ban da laifin direbar, hukumar ta ɗora laifi a kan yadda kamfanin ya ɗauki sha'anin kiyaye rayuka. A ƙarshen 2020 Uber ya miƙa sashensa na motoci masu tuƙa kansu ga kamfanin Aurora.

Abin da ba wanda ya yi tunaninsa fa?

Shi ne ramin da ba a cike ba. A ranar 2 ga Oktoba 2023 a San Faransisko, wani direba ya buge wata mata ya gudu, ƙarfin bugun ya jefa ta gaban wata tasi marar direba ta kamfanin Cruise. Motar ta taka birki amma ta hau kan matar. Daga nan manhajar ta ɗauka a gefe aka buge ta, sai ta yi abin da aka koya mata bayan karo, wato ta gangara gefen titi, ta ja matar a ƙarƙashinta kimanin mita 6. Kalifoniya ta dakatar da izinin kamfanin a wannan watan, aka janye manhajar motoci 950, kuma a Disambar 2024 General Motors, mai kamfanin Cruise, ya daina zuba kuɗi a harkar tasi ɗin.

Waymo ma ta ɗanɗana. A Disambar 2023, a Phoenix, motocinta biyu suka bugi motar ɗaukar kaya guda ɗaya, 'yan mintuna a tsakani. Janwe ce ke jan motar, fuskarta na kallon baya kuma ta karkace, sai manhajar ta yi kuskuren hasashen inda za ta nufa. Ba wanda ya ji rauni, amma a lura da abu ɗaya: mota biyu, kuskure ɗaya. Direbobin mutane kowa da irin nasa kuskuren, ita kuwa manhaja idan tana da makanta, duk motocin da ke ɗauke da ita suna da ita. An sabunta manhajar motoci 444 a kan haka.

A 2017 kuma Volvo ya bayyana cewa tsarinsa na gane manyan dabbobi, wanda ya saba da irin namun dajin Suwidin, yana ruɗewa da kangaru a Ostareliya. Tsarin yana auna nisa ne da ƙasa, to idan dabbar tana sama sai ta zama kamar ta yi nisa, idan ta dira sai ta zama kusa.

Yau duk waɗannan suna cikin kundin gwaji, ko ya kamata su kasance. Amma bayan sun faru ne suka shiga.

Akwai dabarar sa abubuwa masu wuyar faruwa su riƙa faruwa da sauri?

Akwai. A 2023 ƙungiyar Farfesa Henry Liu ta Jami'ar Michigan ta wallafa wani aiki a mujallar Nature. Sun horar da motocin ƙarya da ke kewaye da motar gwaji su san lokacin da za su yi mata mugun motsi, su yanke ta ko su taka birki a gabanta, sannan a gyara lissafin a ƙarshe don kada sakamakon ya zarce yadda abin ke faruwa a zahiri. Sun ce wannan na iya rage nisan da ake bukata sau dubu zuwa sau dubu ɗari. Sun kuma haɗa shi da filin gwaji: motar gaske tana tafiya a kan kwalta, amma motocin da take gani a kewaye na kwamfuta ne. Dabara ce mai kyau, sai dai tana hanzarta irin haɗarin da aka riga aka san siffarsa ne.

Ƙirƙirarriyar basira mai haɗa bidiyo ta canza wani abu?

Tana kan hanya. A 2023 kamfanin Wayve na Landan ya nuna GAIA-1, wanda ke ƙirƙiro bidiyon tuƙi daga abin da ya koya a titunan Birtaniya. Ana iya ce masa ya mai da rana dare, ko ya sauko da ruwa. Ya sauƙaƙa samar da yanayi iri-iri. Amma irin wannan tsari yana iya haɗa hoton da ya yi kyau a ido alhali ya saɓa wa yadda abubuwa ke motsi a duniya, don haka shi kansa yana bukatar mai duba shi.

Wa ke duba na'urar kwaikwayon kanta?

Idan kamfani ne ya gina motar, ya gina na'urar gwajin, ya zaɓi yanayin, ya kuma sanar da sakamakon, to ɗalibi ne ya tsara wa kansa jarrabawa ya yi maki. Ba sai an zargi kowa da ha'inci ba kafin a ga matsalar. Amma masana'antar motoci tana da tarihi: a 2015 aka kama Volkswagen da manhajar da ke gane lokacin da ake gwajin hayaƙi ta gyara halinta.

Ƙasashe sun rabu a nan. Ƙa'ida mai lamba 157 ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wadda ta fara aiki a farkon 2021 kan motocin da ke riƙe layinsu da kansu a babbar hanya, ta yarda a kawo sakamakon kwaikwayo, amma sai kamfani ya nuna cewa na'urarsa ta dace da abin da gwajin zahiri ya bayar. A ƙarƙashinta ne hukumar Jamus ta amince da tsarin Drive Pilot na Mercedes a Disambar 2021, a gudun da bai wuce kilomita 60 a awa ba. Tarayyar Turai ta fitar da tata dokar a 2022, mai ɗauke da sashe kan yadda za a auna amincin kayan kwaikwayo. A Amurka kuwa gwamnatin tarayya ba ta gwada mota kafin a sake ta, kamfani ne ke ba da tabbacin kansa. Abin da hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasar ta yi a 2021 shi ne tilasta kai rahoton haɗurra, sauran kuma ya rage ga jihohi.

Shaidar da ta fi nauyi daga ƙarshe daga titi take zuwa. A ƙarshen 2024 kamfanin inshora na Swiss Re da Waymo suka duba mil miliyan 25.3 na tuƙi ba direba, suka ce neman diyyar lalata dukiya ya ragu da kashi 88 cikin ɗari, na raunin jiki da kashi 92, idan aka kwatanta da direbobin mutane. Alƙaluma ne masu ƙarfi, ko da yake Waymo na da hannu a nazarin, kuma nisan bai kai ko kashi ɗaya cikin goma na abin da RAND ta ƙiyasta don maganar mutuwa ba.

Motar da ta ci gwaji a Arizona za ta iya tuƙi a Kano ko Maraɗi?

Ba wanda zai iya cewa haka daga wancan gwajin. Kowace irin wannan mota tana da iyakar da aka tsara mata: waɗanne tituna, wane yanayi, wane gudu. Sakamakonta bai wuce wannan iyakar ba. Direbobin ƙarya da ke cikin na'urar sun koyi halinsu daga mutanen Phoenix da San Faransisko. Ba su san adaidaita sahu mai tsayawa duk inda fasinja ya ɗaga hannu ba, ba su san ɗan acaɓa mai kutsawa tsakanin motoci ba, balle garken shanu, ko mararrabar da ake rabon hannu da ƙiftawar fitila da ɗaga yatsa. Hazo kuma yana watsa hasken lida, ya dusashe kyamara.

Ko ƙasashe masu tsari ba a tsallaka musu kai tsaye. Da Waymo ta kai motocinta Tokyo a 2025, direbobin tasi na can ne suka fara tuƙa su da hannu, don a zana taswira a tattara bayanan yadda ake tuƙi a garin. Duk wanda ke son kawo irin wannan mota Afirka ta Yamma, daga nan zai fara.

Ɗalibi ko mai sha'awa zai iya gwadawa da kansa?

Zai iya. CARLA na'urar kwaikwayo ce ta kyauta, wadda aka fitar a 2017 daga haɗin gwiwar wata cibiyar bincike a Basalona da masu binciken Intel da Toyota, kuma an gina ta a kan injin wasannin bidiyo na Unreal. Tana zuwa da garuruwa, da motoci, da masu tafiya a ƙasa, da kyamara da lida na ƙarya, ana kuma sauya yanayi daga rana zuwa ruwan sama. Da yaren rubuta manhaja na Python ake ba ta umarni. Tana bukatar kwamfuta mai katin hoto mai ƙarfi, ƙaramar laftof ta ofis ba za ta ɗauka ba. Tana karanta taswirar tituna a tsarin OpenDRIVE, kuma akwai hanyar juyo taswira daga OpenStreetMap, wato taswirar duniya ta kyauta a intanet, saboda haka mai haƙuri zai iya ɗora titunan unguwarsu a ciki. Motocin da za su cika titunan dai za su zo da halin tuƙinsu na asali, sai ya zauna ya rubuta musu na gida.